Yadda Ake Gina Fadamar da Lokaci Ke Rikicewa a Ƙagaggen Labari

Cikin wuraren da marubuci zai iya ƙagawa, kaɗan ne suka kai fadama daɗin aiki, musamman irin wadda mutum zai shiga ya kwana uku, ya fito ya tarar an yi shekaru. Matasan marubutanmu da ke zuba littattafansu a Wattpad da WhatsApp sun soma taɓa irin wannan labari, kuma abin farin ciki ne. Sai dai dabarar tana da saurin lalacewa a hannu. Abin da ya fi kashe ta shi ne marubuci ya sanar cewa lokacin wurin ba irin na ko'ina ba ne, sannan ya bar shi yana tsawo yana gajarta gwargwadon buƙatar kowane babi. Da zarar mai karatu ya gane babu dokar da ke riƙe da wurin, ya daina jin tsoronsa, ya kuma daina tausayin wanda ya shiga. Fadamar tana buƙatar doka guda wadda kai marubuci ka san lissafinta, tana kuma buƙatar mutum a gaɓa wanda dokar za ta ci. Ga yadda ake haɗa su.

Fara da fadamar gaske

Kafin ka taɓa lokaci, ka samo ƙasa da ruwa waɗanda mai karatu zai yarda da su. Ba sai ka je nesa ba. Dausayin Haɗeja da Nguru, inda kogin Haɗeja da na Jama'are ke bazuwa kafin su zama Komadugu Yobe su nufi Tafkin Chadi, ya ishe ka makaranta. Ruwa yakan cika shi wajen Agusta da Satumba, ya ja baya a hankali, manoma su bi sawunsa da shuka, makiyaya su biyo bayansu, tsuntsayen Turai kuma su sauka da hunturu a wurare irin su Dagona. Tun da aka gina madatsar Tiga a 1974 da ta Challawa a 1992 ambaliyar ta sauya hali, ciyawar kacala ta toshe hanyoyin ruwa da dama, har wurin da uba ya bi da kwale-kwale ɗansa ba ya iya bi. Idan kana da hali ka je ka zauna da masunta. Ka ji warin laka da asuba, ka ga yadda kainuwa ke rufe fuskar ruwa har ka zaci ƙasa ce, ka koyi bambancin bado da burugu, ka ji yadda sauro ke tasowa da almuru, ka tambayi abin da ake yi wa matsattsaku idan ya kama ƙafa. Waɗannan ne za su ɗauki nauyin ƙaryar da za ka ɗora daga baya.

Akwai dalilin da ya sa fadama ta fi dutse ko daji dacewa da wannan aiki: ita da kanta tana riƙe abu ta hana shi tsufa. A 1987 wani makiyayi yana haƙa rijiya a Dufuna, cikin jihar Yobe ta yanzu, ya ci karo da kwale-kwale mai tsawon mita 8 da ɗoriya, wanda bincike ya nuna ya kai kimanin shekara 8,000 a binne. Laka mai jiƙe wadda iska ba ta shiga ita ta hana itacen ruɓewa. A ƙasar Denmak, a 1950, masu yankan ƙasar fadama don makamashi sun tono gawar wani mutum a Tollund, fuskarsa ba ta lalace ba har gashin haɓarsa ana gani, suka kira 'yan sanda suna zaton kisan kwanan nan ne. Mutumin ya fi shekara 2,000 da mutuwa. Ga kuma gaiwa, wadda kowane yaron bakin gulbi ya sani: ruwa na janyewa sai ta nutse cikin taɓo, ta lulluɓe kanta da yauƙin jikinta, ta kwanta watanni ba ci ba sha har damina ta dawo. Mai karatun da ya san gaiwa ya riga ya yarda da rabin labarinka.

Kafa doka, ka yi lissafinta da alƙalami

Tambayar farko: ina lokaci ya fi gudu, ciki ko waje? Idan na ciki ne ke tafiyar hawainiya, wanda ya shiga zai fito da ƙuruciyarsa ya tarar duniya ta wuce shi. Wannan labarin rashi ne. Idan na ciki ne ke gudu, zai shiga yaro ya fito da furfura alhali tuwon da aka ɗora bai nuna ba. Wannan labarin kaɗaici ne, domin ya yi rayuwa guda wadda babu shaidarta sai shi. Zaɓi ɗaya. Marubucin da ya haɗa biyun a littafin farko yakan ruɗa kansa kafin ya ruɗa kowa. A nan za mu ɗauki na farko mu bi shi har ƙarshe.

Kada ka yi wa fadamar iyaka guda wadda mutum zai taka ya faɗa wani zamani. Ka raba ta zango-zango, yadda haɗarin zai riƙa ƙaruwa da kowane tuƙi. Misali, a gaɓa da ruwan da bai wuce gwiwa ba lokaci daidai yake da na gari. A zangon kacala, kwana ɗaya mako guda ne a waje. A zangon itatuwan giyayya, kwana ɗaya wata guda ne. A tsakiya, inda ruwa ya buɗe babu ciyawa, kwana ɗaya shekara ce. Amfanin wannan tsari shi ne yana ba mutanen labarinka zaɓi. Masuncin da ya ga kifi ya fi yawa a gindin giyayya ya san kuɗin shigarsa wata guda ne na rayuwar iyalinsa, zai tsaya ya auna. Wannan aunawar ita ce labari.

Yanzu ɗauki takarda ka ja layi biyu, ɗaya na kwanakin ciki, ɗaya na kwanakin waje, kada ka rubuta babi ko ɗaya ba tare da ka cika su ba. A ce masuncinmu ya yi kwana 2 yana ratsa kacala, kwana 3 a giyayya, rabin kwana a tsakiya, sannan ya dawo ta hanyar da ya bi. A jikinsa kwana 10 da rabi ya yi, guzurinsa ma bai ƙare ba. A gari kuwa, kacala ta ci kwana 28, giyayya ta ci wata 6, rabin kwanan nan na tsakiya ya ci wasu wata 6. Ya fi shekara ba ya nan. Matar da ya bari da cikin wata biyu zai tarar da ita da goyo mai zama. Ka lura da inda asarar ta fi yawa: 'yan sa'o'in da ya tsaya a tsakiya sun yi daidai da duk kwanaki shidan giyayya. To, me ya tsayar da shi a can? Koma ta sarƙe? Barci ya ɗauke shi? Ya tsaya ceton wani? Duk abin da ya riƙe shi a wannan wuri shi ne ƙashin bayan littafinka, kuma lissafi ne ya nuna maka shi.

Ka ƙara rarraba lissafin tsakiyar, domin a nan abubuwan mamaki suke. Idan kwana ɗaya shekara ce, sa'a ɗaya ta kai kwana 15, minti ɗaya kuma kimanin sa'a 6 ne. Ma'ana, wanda ke tsakiya ya ɗaga kai sama zai ga rana ta fito ta faɗi, dare ya yi gari ya waye, duk cikin minti 4. Wata zai tsaya, ya cika, ya ɓace cikin sa'a 2. Azumin Ramadan gaba ɗaya zai wuce kafin ya gama gyara komarsa. Damina za ta zo masa ta tafi cikin sa'o'i kamar 8, ruwa ya taso ƙarƙashin kwale-kwalensa ya sake sauka yana kallo. Yawancin marubuta ba sa tunanin wannan, sai su bar jaruminsu yana kwana yana tashi da rana ɗaya irin ta kowa, alhali sun ce shekaru na wucewa a waje. Rana ɗaya ce a sama. Dole ka yanke shawara: ko ka bar sararin yana walƙiya haka, ka mai da shi babban abin firgicin wurin, ko ka rufe tsakiyar da hazo mai kauri wanda haske ke tsayawa a cikinsa ba dare ba rana. Ni na fi son na farko, domin hoto ne da mai karatu ba zai manta ba. Amma hazon ma yana da nasa amfani, tunda yana hana na ciki sanin abin da ke faruwa da shi sai ya fito.

Idan ka zaɓi hazo, kada ka ji tsoron cewa mai karatu zai ce ai mutum zai iya ƙirga kwanakinsa da ka. Ba ya iyawa. A 1962 wani Bafaranshe mai binciken koguna, Michel Siffre, ya shiga kogon ƙarƙashin ƙasa a tsaunukan Alps ba agogo ba hasken rana, ya yi kusan wata biyu. Da aka sanar da shi ranar 14 ga Satumba cewa lokacin fitowarsa ya yi, shi a lissafinsa 20 ga Agusta ce. Kogo ne na gaske, babu aljani babu tsafi, amma ya yi ɓatan fiye da mako uku.

Haka nan ka duba abin daga gaɓa. Wanda ke tsaye a kan tudu yana hango tsakiya zai ga masuncin kamar an kafe shi, filafili a sama, yana saukowa a hankali. Ratsawar da za ta ɗauke shi minti 20, masu kallo kwana 5 za su yi suna ganinsa a fili. Uwa za ta iya zuwa kullum da hantsi ta ga ɗanta, ta kira shi, shi kuwa kiran nata ya wuce kunnensa da saurin da ba zai gane murya ba ce. Dokar ma za ta ba ka dalilin samuwar fadamar: kogin da ya shigo wurin da lokaci ke jan ƙafa dole ruwansa ya taru ya bazu.

Bar kaya su faɗi shekarun

Kada wani tsoho ya tari jaruminka a gaɓa ya ce masa shekara kaza ke nan da tafiyarka. Bari ya gano da idonsa, mu ma mu gano tare da shi. Mai karatun Hausa ya taso da sanin wannan tun daga makarantar allo. Ya san Ashabul Kahfi da shekarunsu 309, da yadda malaman tafsiri suka bayyana cewa tsohon kuɗin azurfar da ɗayansu ya kai kasuwa shi ya tona al'amarin. Ya san mutumin da aka ambata a Suratul Baƙara, wanda da yawa daga malamai suka ce Uzairu ne, da shekara 100 da ya zata yini ne ko sashensa, abincinsa bai sauya ba, jakinsa kuwa ya zama ƙasusuwa. Waɗannan ba ƙage ba ne, kuma ba abin ɗauka a cusa cikin labarin nishaɗi ba ne. Abin da nake nufi shi ne kunnen mai karatunka ya saba da hujjar da ake gani a taɓa, ba zai gamsu da sanarwa ba. Marubucin Amurka Washington Irving ma da wannan ya yi aiki a labarinsa na Rip Van Winkle na 1819: mutumin ya yi barcin shekara 20, ya dawo ya tarar hoton Sarkin Ingila da ke jikin allon masaukin garinsu an mai da shi na George Washington.

Idan labarinka a ƙasar nan yake, tarihi ya tanadar maka kaya. A ce mutumin ƙasar Haɗeja ya shiga a 1970 ya yi kwana 25 a tsakiya. Zai fito a 1995 da sulalla da fam a aljihu, alhali an koma naira da kwabo tun 1 ga Janairu 1973. Zai tsaya a gefen titi ya duba ɓangaren da bai kamata ba, domin motoci sun koma hannun dama tun 1972. Zai ce shi mutumin jihar Kano ne, a ce masa nan Jigawa ce tun 1991. Mashigin da ya bar kwale-kwalensa kuwa kacala ta cinye shi. Ka zaɓi biyu ko uku cikin irin waɗannan, ka jera su daga ƙarami zuwa babba. Na farko ya ba shi mamaki kawai, ya nemi wata fassara. Na biyu ya sa gabansa ya faɗi. Na ƙarshe ya zama na cikin gida: yarinyar da ta buɗe masa ƙofa tana da fuskar matarsa, amma ba ta san shi ba.

A cikin fadamar ma akwai buƙatar alamu, domin masu shiga da fita za su ƙirƙiro hanyar gane zangon da suke. Gawo yana da kyau a nan, tunda shi dama a juye yake: yana zubar da ganye da damina, ya yi kore shar da rani. Jagoran da ke hango wani dogon gawo a kan tudu zai iya ƙirga shekaru da shi, duk tuɓewa da sake tufafinsa shekara guda. Shamuwa, wadda zuwanta ke shelar damina, za ta riƙa giftawa kamar walƙiya. Wani zai bar kaskon wuta a bakin kacala, wani ya ɗaura igiya mai ƙulli. Ka ba su dabara ɗaya tabbatacciya da ɗaya mai yaudara, ka bar baƙo ya dogara da ta biyun.

Wanda aka bari a gaɓa

Nan ne nake ganin marubuta suka fi yin sakaci, nan ne kuma zuciyar aikin take. Na ciki bai yi asarar komai a jikinsa ba, kwanakinsa ƙalilan ne. Wanda ya biya shi ne mai jira. Saboda haka kowane babi na cikin fadama ya kamata ya sami abokinsa na gari, ko da gajere ne, kuma layukan nan biyu na takardarka su za su gaya maka abin da ya faru tsakani: an yi girbi sau nawa, wa ya rasu, wa aka aurar, rumbu ya ƙare ko bai ƙare ba.

Al'ummarmu tana da tsari a kan mutumin da ya ɓace, kuma marubucin da ya san shi ya sami taska. A mazhabar Malikiyya, kamar yadda ya zo a Risala ta Ibn Abi Zaid da ake karantawa a zaurukanmu, matar wanda ya ɓace takan kai ƙara gaban alƙali, a yi bincike, a yanka mata shekara 4, sannan ta yi takaba wata 4 da kwana 10, daga nan tana iya yin aure. Dukiyarsa kuwa ba a raba ta sai an kai shekarun da irinsa ba ya wuce su a raye. Ɗora wannan a kan dokar fadamarka. Kwana 5 a tsakiya sun isa mutum ya fito ya tarar matarsa a ɗakin wani bisa halal, ba ta ci amanarsa ba, shi ma bai yi niyyar barinta ba, gonarsa kuma tana nan da sunansa ana rigima a kanta. Babu mugu a cikin wannan labari, kuma ya fi duk wani dodon ruwa da za ka ƙaga ciwo. Ga wata tambaya da mutanen irin wannan gari dole su taɓa yi: idan mutanen gaɓa sun san halin fadamar, alƙalinsu zai ɗauki wanda ya shiga a matsayin ɓatacce, ko matafiyi ne da aka san inda yake? Mace za ta iya cewa ina ganinsa daga kan tudu, yana nan da rai, amma shekara uku ke nan bai ciyar da ni ba. Rubuta zaman kotun nan da kyau, ka ga ko mai karatu zai iya ajiye littafin.

Haka batun ibada. Musulmin da ya ga rana tana fitowa tana faɗuwa duk minti 4 zai tambayi kansa yadda zai yi salla, in ya fito kuma ya tambayi ko akwai ramuwar azumin shekarun da suka wuce. Akwai hadisin da ya yi magana a kan ranar da za ta yi tsawon shekara a zamanin Dujal, inda aka yi umarni da a ƙaddara lokutan salla, kuma malamin cikin labarinka zai iya tunawa da shi. Amma kai marubuci kada ka yanke hukunci da ka. Je ka zauna da malami ka shimfiɗa masa mas'alar, sannan ka sa amsar a bakin wanda ya dace a cikin labarin. Barin wannan tambaya gaba ɗaya gurbi ne da mai karatun Hausa zai gani nan take.

Sannan ka tuna mutane ba sa zama kusa da abu mai amfani su bar shi. Garin da ya yi ɗaruruwan shekaru a bakin wannan fadama ya riga ya mai da ita sana'a. Ɗan kasuwa zai kai albasa da tumatir zangon giyayya da kaka, ya kwana huɗu ya fito da su ɗanye shar lokacin da suka yi tsada. Za a kai majiyyaci tsakiya a ajiye shi sa'a biyu, 'yan'uwansa su sami wata guda na neman magani. Wanda bashi ya yi wa katutu zai shige ya jira masu binsa su mutu. Sarki zai tura ɗan'uwan da ke neman gadon sarautarsa, ba tare da ya zubar da jini ba. Sarkin Ruwa zai sa haraji a kowane mashigi, ya hana shiga ba da izini ba, kuma za a sami masu fasa-ƙwauri. Za a sami gidan jagorori waɗanda kaka da jika suke sa'o'in juna, har ma kakan ya fi ƙuruciya, kuma dole ka san wa ke durƙusa wa wa a wannan gida. Za a sami al'adar sallama ta musamman ga mai shiga: ya biya bashinsa, ya yi wasiyya, ya ba matarsa zaɓi a gaban shaidu. Ba sai duk sun shiga littafin ba. Uku da aka nuna da kyau sun isa su sa garin ya zama gari.

Wajen zubi da gyara

Kada ka buɗe littafin da bayanin doka. Ka nuna ta tana aiki a kan ƙaramin abu tun a shafukan farko: akuya ta ɓace da kaka ta dawo da bazara da ɗanyen haki a baki, ba wanda ya yi mamaki sai baƙo. Daga nan ka bari wani ya faɗi dokar sau ɗaya, a taƙaice, da bakin mutanen wurin, ba da lissafin makaranta ba. Masunci ba zai ce kashi kaza ba. Zai ce wanda ya kwana a giyayya ya ba da wata. Lambobin suna takardarka, kai kaɗai ke ganinsu.

Dalilin da ya sa fadamar take haka, ba lallai ka bayyana ba. Bari mutanen gari su yi saɓani: wasu su ce aljanun ruwa ne, wasu su ce addu'ar wani bawan Allah ce, ɗan boko ya zo da nasa bayanin. Idan kana son ka jingina da kimiyya, gaskiya ne cewa lokaci yana rage gudu kusa da abu mai tsananin nauyi, kamar yadda Einstein ya nuna, kuma da wannan fim ɗin Interstellar na 2014 ya yi duniyar ruwa inda sa'a ɗaya take shekara 7. Amma babu fadamar da ke da irin wannan nauyi, don haka dogon bayanin kimiyya zai jawo maka tambayoyin da ba ka da amsarsu. Mai karatu yana yafe rashin sanin dalili. Karya doka ne ba ya yafewa.

Wannan ya kawo mu ga jarabar da ta fi kowace ƙarfi, wato mayar da lokaci baya. Bayan ka sa jaruminka ya rasa shekara 20, tausayi zai kama ka, ka so ka buɗe masa wata hanya a cikin kacala da za ta mai da shi ranar da ya shiga. Kada ka yi. Idan ana iya komawa, duk hawayen da matar nan ta zubar a gaɓa sun zama na banza, mai karatu kuma zai ji an yi wasa da hankalinsa. Idan dole sai doka ta sami togiya, ka dasa ta tun farkon littafi, ka sa mata farashin da ya fi asarar da za ta gyara.

Da ka gama zubin farko, koma kan takardar layi biyu ka bi littafin babi-babi. Duba shekarun kowane yaro a duk inda ya bayyana. Duba yanayi: in lissafi ya ce jarumi ya fito a watan bakwai na tafiyarsa, kuma ya shiga da kaka, to bazara zai tarar, kada a gan shi yana rawar ɗari. Duba gemu da farce da guzuri da raunin da ya ji, waɗannan duka lokacin ciki suke bi. Tufafin mutane, farashin kaya, waƙar da yara ke yi a dandali da sunan mai unguwa kuwa lokacin waje suke bi. Duba duk saƙon da ya ratsa tsakanin zango biyu, ka tabbatar ɗan aiken ma ya biya nasa kwanakin. Daga nan ka ba mutum biyu su karanta: ɗaya wanda ya iya lissafi, ka roƙe shi ya nemo inda kwanakin suka saɓa, ɗaya kuma wanda ya taso a bakin ruwa, ka tambaye shi ko akwai kifi, ciyawa ko tsuntsun da ka ajiye a inda ba ya zama, ko a lokacin da ba a ganinsa.